Jan Fenti a Katangar Madina

Ni malamar firamare ce, rubutun labari ba aikina ba ne, kuma da abin nan ya bar zuciyata ta huta da ban ɗauki biro ba. Sunana Fauziyya. Katanga ɗaya ce ta raba gidana da na Madina a bakin garin Tambuwal, ta hanyar Kebbe. Yanzu babu katangar, babu gidan, kuma ina so a san yadda aka yi.

Madina na da kwana goma sha tara da shiga takaba masu awo suka fara zuwa. Mijinta Sharifuddeen ɗan kabu-kabu ne da babur, mota ta banke shi yana dawowa daga Kebbe, ya bar ta da 'yan mata biyu ƙanana, Anisa da Hamdiyya. Na san lissafin kwanakin ne saboda wani gwangwanin madara da ta ajiye bakin taga. Kullum in ta idar da sallar asuba sai ta jefa ƙwallon dabino guda a ciki. Wata fuɗu da kwana goma, ƙwallo ɗari da talatin ke nan. Ta ce kanta ya daina riƙe lissafi tun ranar da aka shigo mata da gawa.

Filin da gidan yake a kai gadonta ne. Mahaifinsu ya bar gona guda babba, aka raba ta tsakanin 'ya'yansa uku: Malam Nu'umanu, babbansu, wanda ya gaji zauren karatu da limancin unguwa, sai Abdulganiyyu mai sayar da taki, sai Madina auta. Da baki aka yi rabon gaban dattawa uku, aka dasa gamba bisa iyaka, aka shafa fatiha aka watse. Ba wanda ya rubuta komai. Wa zai buɗe baki ya nemi takarda a gidan malamai? Madina ta samu gefen gabas. Nan Sharifuddeen ya gina ɗaki biyu ya haƙa rijiya, suka dasa mangwaro uku da zogale, ita kuma tana ban ruwan albasa da rani. Da mijin ya rasu, wannan rijiyar ce abincinsu.

Masu awon na kamfanin wuta ne. Babban layi za a ja zuwa wajen Kebbe, irin mai dogayen turakun ƙarfe, wanda ba a yarda kowa ya yi gini ko ya bar itace a ƙarƙashinsa ba. Suka kafa na'urarsu mai ƙafa uku, suka leƙa, suka buga fegi mai jan kai a jere. Layin ya ratsa tsakiyar rabon Malam da na Abdulganiyyu, daidai inda kowa a unguwa ya san sun gama shirin yanka filaye su sayar, domin gari ya taso wajen. Gidan Madina kuwa ya tsira, tsakaninsa da fegin ƙarshe ya fi taku ɗari.

Kafin mako ya zagayo Malam da Abdulganiyyu sun ɗauki lauya sun kai kamfani kotu a Sakkwato. Ban ga laifinsu a nan ba, kowa yana da ikon kare abinsa.

Ranar da Malam ya zo da takarda ina makaranta, kuma har in mutu ba zan daina jin haushin wannan ba. Madina ce ta ba ni labari da yamma, babban yatsanta da sauran shuɗin tawada. Ta ce ya tsaya bakin ƙofar ɗaki ya yi mata addu'a mai tsawo, sannan ya zauna.

"Madina, kin ji abin da ka faruwa. Kamfanin wuta na son ratsa gonar Baba, mun kai su kotu. Lauya ya ce sai magada duka sun sa hannu. Ke ko kina cikin takaba, ba ki fita. Dangwala nan, ni in tsaya maki."

"Yaya Malam, mi anka rubuta ciki?"

"Wakilci na, ba wani abu ba. In ban tsaya maki ba, wa za shi tsaya maki?"

Ta dangwala. Na tambaye ta ko ya bar mata kwafi, ta dube ni kamar na zagi wani babba. Ta ce, "Haba Fauziyya, Yaya Malam na fa. Shi yaw wanke Baba da hannunai." Har na ji kunyar tambayar da na yi.

Ƙwallo sittin da biyu ne a gwangwani ranar da masu awo suka dawo. Asabar ce, ina shanya na ji muryoyin maza a lambun Madina. Na leƙa ta katanga na ga sun tumɓuke fegin farko sun tara a gefe, suna buga sabbi. Ɗaya suka buga gindin mangwaro, ɗaya bakin rijiya. Wani ya zo da gwangwanin fenti ya zana ƙaton giciye ja a katangar gidan, ya rubuta lamba a ƙasa. Madina na cikin ɗaki tana jin bugun guduma, ba ta san ko mene ne ba.

Na ja mayafi na fita. Shugabansu wani injiniya ne mai farar hular kwano, da Hausarsa irin ta rediyo. Na ce masa sun yi ɓatan kai, layinsu can yamma yake.

"Hajiya, ba mu yi kuskure ba. Masu gonar ne suka nemi a matsar da layin gabas. Sulhu aka yi, mu ma ya fi mana sauƙi da zaman kotu."

"Waɗanne masu gona? Mai wannan wurin tana ciki, mijinta ya rasu, ba ta san da maganar ba."

Ya buɗe jaka ya nuna mini takardar. Na karanta da idona. A rubuce gonar guda ce, ta magadan marigayi, ba a raba ba. Magada uku sun amince layi ya bi gefen gabas, inda aka ce akwai wani ɗan gini da za a biya diyyarsa a hannun wakilin gida. Ɗan gini. Ɗakin da aka haifi Hamdiyya ke nan. A ƙasa ga sa hannun Malam, ga na Abdulganiyyu, ga yatsan Madina.

Injiniyan ba mugu ba ne, na ga jikinsa ya yi sanyi. Ya rage murya ya ce alƙali bai riga ya tabbatar da sulhun ba, an sa rana nan da mako biyar da 'yan kwanaki. In mai haƙƙi ta je da kanta ta ce ba ta yarda ba, ta janye wakilcin, dole a saurare ta. In ranar ta wuce kuma, sulhu ya zama hukunci, shi aikinsa kawai ya sani.

Da na faɗa wa Madina ba ta yi kuka ba. Ta ce in sake faɗa mata a hankali, na sake. Sai ta ce lallai lauyan ne ya ruɗe su da Turanci, Yaya Malam bai san abin da ke ciki ba. Ta roƙe ni in biya gidansa in ce tana son ganinsa.

Na je sau uku. Na farko aka ce yana karatu. Na biyu aka ce ya tafi ɗaurin aure Sanyinna. Na uku matarsa ta fito ta ce mini da fara'arta Malam ya ji saƙo, zai zo in ya samu sarari. Kwana tara Madina na kasa kunne ga ƙofa. Wanda ya zo daga baya Abdulganiyyu ne, ya jingine babur, ya shigo yana kaɗa makulli, ko zama bai yi ba.

"Ke Madina, mi na abin tada hankali? Layin nan in yab bi ta wurinmu, filaye ashirin sun tashi banza. Ta wurinki ko, ɗaki biyu na. Ke yi lissafi mana. Kuma mace ke zama ita ɗai bakin daji ba miji? Dama ai gida za ki komo."

"Yaya, nan na gidana."

"Gidan Yaya Malam ba gidanki na ba? Kar ki bari mutanen waje su shiga tsakaninmu." Da ya faɗi haka ni ya kalla. Na kalle shi ni ma, don ban ga abin da zai sa in sunkuyar da kai ba.

Bayan ya fita Madina ta ce, "Za ni kotun nan, Fauziyya. Ki raka ni." Na ce ko yau ta shirya. Kuskuren da muka yi shi ne mun yi maganar gaban yara, su kuma suka kai ta gidan kawunsu da zuciya ɗaya. Washegari da hantsi sai ga Malam, mutumin da kwana tara bai samu sarari ba.

Lahadi ce, don haka wannan karon ina nan. Ya shigo da farar babbar riga da carbi, ya zauna bisa kujerar da Sharifuddeen ke zama. Bai ɗaga murya ba. Malam Nu'umanu bai taɓa ɗaga murya ba a rayuwarsa, shi ya sa ake jin maganarsa.

"An ce mani kina batun fita."

"Yaya Malam, gidana za a rushe."

"Na ji. To, ke gaya mani, gida da lahira wane yaf fi? Ke ɗiyar Malam Dawuda, ki fita cikin takaba, ki hau mota da maza, ki tsaya gaban taro kina jayayya da 'yan'uwanki? Mijinki na kwance cikin kabari, haƙƙinai guda da yar rage kanki shi na zaman ga. Shi kika son ki tozarta?"

"Ba a fita ko don lalura?"

Wallahi ta yi wannan tambayar, ina zaune, na ji ta da kunnena. Malam ya ja carbi biyu ko uku kafin ya amsa.

"Ni kika tambaya ko gardama kika yi da ni? Na ce maki ki zauna."

Ta ce, "Allah shi huci zuciyarka." Ya ce ai bai yi fushi ba. Ya ƙara da cewa shi da kansa ya roƙi kamfani, ya nuna musu shari'a ta hana a fitar da mai takaba daga ɗakin mijinta, kuma sun yarda ba za su taɓa ginin ba sai ranar da ta fita. Ya faɗi wannan yana jiran godiya, kuma Madina ta yi masa godiyar. Ni kuwa na ji kamar in tashi in kife masa butar da ke kusa da ni.

Da yamma aka kawo Dada, ƙanwar mahaifinsu, da ƙullin kayanta. Aka ce ta zo taya Madina zama. Wata biyu da rabi tana takaba ba wanda ya tuna tana bukatar mai taya ta zama sai yau. Dada ta shimfiɗa tabarmarta a bakin ƙofar ɗaki, a gicciye, ko bayi Madina za ta sai ta tsallake ƙafarta. Ba don mugunta take yi ba, ita har ranta ta yarda tana tsare 'yar ɗan'uwanta daga wuta ne. Ta ce ita da ta yi nata zaman ko zaure ba ta leƙa ba, kuma ta san wata a Fakku da ta fita cikin takaba, ba ta sake hankali ba har ta mutu.

Na ce to, tun da ita ba ta fita, bari ni in fita. Na rubuta wasiƙa da Turanci cewa Madina ba ta san abin da ta dangwala ba, kuma ta janye. Na shigo da tawada cikin kwanon fura, ta dangwala lokacin da Dada ke salla. Na nemi izini a makaranta na hau mota zuwa Sakkwato. Magatakardan kotu ya juya wasiƙar gaba da baya, ya tambaye ni ko ni ce Madina. Na ce maƙwabciyarta ce. Ya ce ko ni lauyarta ce. Na ce a'a. Ya ce wasiƙa ba rantsuwa ba ce, kowa na iya dangwala yatsa ya ce na wance ne. Sai ta zo da kanta ta rantse, ko lauya ya tsaya mata. Bai yi mini wulaƙanci ba, har kujera ya ba ni, amma da wasiƙata na dawo.

Na samu wani lauya a nan Tambuwal da ya ce zai taimaka saboda Allah, sai dai dole ya ji daga bakinta. Na kawo shi har ƙofar gida. Dada ta fito ta tsaya cikin zaure da sandarta.

"Namiji baƙo shi shiga wurin mai takaba? Fauziyya, ke ji tsoron Allah. In kin ga ya shiga, to bisa gawata yab bi."

Lauyan ya ce ko ta bayan labule ne. Dada ta ce ko muryarta ba zai ji ba. Mutane suka fara taruwa, mutumin ya ga abin zai zama tonon silili, ya ba ni haƙuri ya hau babur ɗinsa. Na kira lambarsa daga baya, ya ce ba ya son rigima da gidan malamai.

Na bi dattawan da aka yi rabon gabansu, ko wani zai faɗi cewa gefen gabas na Madina ne ita kaɗai. Ɗaya ya rasu. Ɗaya ya tsufa har ba ya gane 'ya'yansa. Na ukun, wanda kullum yake sahun farko bayan Malam, ya saurare ni har na gama, ya ce shekaru sun yi nisa, shi dai ya tuna an yi fatiha. Da na je duba gambar da aka dasa bisa iyaka, na tarar an bi ta da garma.

Ranar da aka sa a kotu Talata ce, ƙwallo ɗari cif. Tun da safe na shiga na tarar Madina ta sa hijabi tana zaune bakin gado, takalmanta a gabanta. Na ce mata ga mai mota can na tsayar a bakin titi, in ta tashi yanzu za mu isa. Dada ta fara salati tana kuka, tana cewa ta shiga uku, za a ce a hannunta aka yi. Madina ta miƙe. Ta sa takalmi ɗaya. Ta zo har bakin ƙofa, ta tsaya tana kallon ƙafafun Dada da ke miƙe a gabanta. Tsohuwar da ko tulu ba ta iya ɗagawa, da Madina ta so da taku ɗaya ta wuce ta.

"Fauziyya, in na fita, Sharifuddeen za a yi wa azaba?"

Na ce ban sani ba. Abin da na ce ke nan, ni mai takardar koyarwa, ban sani ba. Duk zirga-zirgar da na yi, kotu da lauya da dattawa, ban taɓa tunanin in je in tambayi wani malami daban ba. A unguwarmu in ana da tambayar addini wurin Malam Nu'umanu ake zuwa, kuma ya riga ya amsa.

Ta cire takalmin ta koma ta zauna. Na je na sallami mai mota.

Daga nan sai kwanaki suka zama abin tsoro. Duk mai takaba tana ɗokin ranar fita, Madina kuwa kowane ƙwallo ta jefa ta san rushe gidanta ne ya matso. Ta gaya mini wata safiya ta riƙe ƙwallon a hannu har rana ta fito, ta kasa sakinsa, sai kuma ta ji tsoron kada ta ɓata lissafin ibada, ta jefa.

Kamfani ya cika alkawarin da ya yi wa Malam, bai taɓa ɗakunan ba. Amma lambu ba ɗaki ba ne. Suka zo da injin yanka suka kwantar da mangwaron uku a wuni ɗaya, suna cikin fure. Suka haƙa ramuka fuɗu na ƙafafun turken ƙarfe, ƙasar da suka fitar suka zuba cikin rijiya domin ta shiga cikin awonsu. Albasar da ta kusa isa cira ta bushe a tsaye. Madina na ɗaki tana jin komai ba ta ganin komai, sai ta riƙa tambayata, "Wane sunka sare yanzu? Na bakin rijiya?" Shi ne wanda Sharifuddeen ya dasa ranar sunan Anisa. Na ce mata a'a, wani ne, alhali shi suka fara sarewa.

Ta rame har zanenta na zagaya ta sau biyu. Daga gidana nake miƙa musu ruwa ta katanga. Gidan Malam kuwa kullum ana aiko da tuwo da rana, ba a taɓa fashi ba, kuma duk wanda ya zo gaisuwa sai Dada ta nuna masa kwanon ta ce Allah ya yi wa Nu'umanu albarka, irinsa ake so a samu a dangi.

Ranar fita Malam ya aiko da atamfa sabuwa da sabulu da turare. Mata suka taru, aka yi mata kitso, aka sa mata lalle, aka raba waina sadaka. Ana cikin addu'a muka ji a-kori-kura ta tsaya a waje. Abdulganiyyu ne da ma'aikatan kamfani. Ya ce a yi haƙuri a hanzarta, mutanen nan tun safe suke jira. Madina ta fito ƙofar gida karo na farko cikin kwana ɗari da talatin, lalle bai gama bushewa a hannunta ba. Ta ga jan giciyen da ke katangarta, ta ga kututturan mangwaro, ta ga ƙafafun ƙarfe fuɗu a inda rijiyarta take. Kafin la'asar an cire kwanon rufi, kafin magariba ana ganin gidana daga titi.

Ɗakin da aka ba ta a gidan Malam shi ne wanda ke bayan zaure, inda ake ajiye buhunan gero. Ita da 'ya'yanta biyu da gadonta da ya cinye rabin ɗakin. Da ta tambayi diyyar gini, Malam ya ce tana hannunsa amana, mace ba ta riƙe irin wannan. Filayen yamma kuwa an yanka, har an fara gini.

Bayan wata biyu na je duba ta ranar wata Alhamis bayan la'asar. Na same ta bakin ƙofar ɗakin tana tsintar shinkafa a faifai. Bango ɗaya ne tsakaninta da zaure, kuma akwai 'yar taga a sama, duk karatun da ake yi tana ji. Manyan ɗalibai ne ranar, magidanta, ana karanta littafin fiƙihu, Malam na fassarawa da muryar nan tasa mai daɗi. Muna hira ƙasa-ƙasa sai na ga hannunta ya tsaya. Babin idda aka shiga.

Wani ɗalibi ya ce, "Allah shi gafarta Malam, mai takaba tana iya fita?"

"Tana fita," in ji Malam, ko jinkiri bai yi ba. "Da rana tana fita don bukatarta. Ta tafi kasuwa in ba ta da mai yi mata, ta tafi asibiti, ta tafi gaban alƙali in tana da haƙƙin da taka tsoron shi salwanta. Kwana ɗai na ba ta yi sai ɗakinta. Abin da mutane ka yi na kulle mata, al'ada ta, ba shari'a ba. Ku kiyaye wanga, ana cutar mata da shi ƙwarai."

Madina ta ajiye faifan a hankali, ta gyara mayafi, ta nufi ƙofar da ke shiga zaure daga cikin gida. Na bi ta. Ta yi sallama ta ɗaga labule. Maza wajen goma sha biyu suka ɗago kai.

"Yaya Malam, ina da tambaya."

Ya dube ta ta saman tabarau.

"Karatun ga da kay yi yanzu, yaushe ka san shi?"

Ɗaliban nan duk 'yan unguwa ne, ba wanda bai san labarin gidan ba, amma kowa ya mayar da idonsa kan littafi. Na ga kunnen Malam ya motsa, na ga yatsansa ya danne shafin. Na ɗauka zai ce wani abu, ko ƙarya ce, ko haƙuri. Sai ya ce da muryarsa ta kullum:

"Madina, koma ciki. Akwai maza."

Ta saki labulen. Ba mu kai bakin ɗakinta ba muka ji ya ce wa mai karatu ya ci gaba, mai karatu kuwa ya ci gaba.

Na koma wurin lauyoyi daga baya, har biyu. Sun ce hukuncin sulhu da wuya a warware shi, sai an yi shekaru, kuma ko an yi nasara ba wanda zai tumɓuke turken ƙarfe ya mayar da rijiya. Layin yana nan an ja shi, in iska ta kaɗa ina jin kukan wayoyin daga tsakar gidana. Malam yana nan yana limanci, ni ma mijina bayansa yake salla, don ba wani masallaci kusa. Ba wanda ya karya doka a cikin labarin nan. Kamfani yana da takarda, kotu tana da yatsa, Dada tana da niyya mai kyau. Ni ma ina da nawa kason, tun da aka yi mini tambaya ɗaya na ce ban sani ba.

Ranar nan da muka dawo daga zaure, Madina ta zauna ta ɗauki faifanta. Gwangwanin madarar yana nan bakin tagar sabon ɗakin, ba ta zubar da ƙwallayen ba. Ta dube shi ta ce:

"Fauziyya, kwana ɗari da talatin ina zaune, na ɗauka Allah nika tsoro. Ashe Yaya nika tsoro."

Daga cikin gida matar Malam ta ƙwala mata kira ta ce a kawo shinkafar, ruwa ya tafasa. Madina ta ce to, ta tashi ta kai.